Sake Buɗe Gunlom: Wa Ke Da Iko Da Dajin Kakadu Da Baƙin Da Ke Shigarsa?

A watan Yulin 2025 aka sake buɗe Gunlom, wata magangarar ruwa da ke kudancin gandun dajin Kakadu a arewacin Ostireliya, bayan ta shafe kusan shekara shida a rufe. Wata 'yar hanyar ƙafa da hukumar gandun dajin ta gina a 2019 ce ta jawo rufewar, kuma maganar ba ta mutu ba sai da ta kai kotun ƙolin ƙasar, aka ci tarar hukumar gwamnati dalar Ostireliya 200,000. Wanda ya ji labarin daga nesa dole ya ɗaure masa kai. Ta yaya za a gurfanar da hukuma saboda ta yi aiki a gandun dajin da ita ke gudanarwa? Me kuma hukuncin zai canza ga kamfanonin da ke kwasar baƙi su kwana uku ko biyar da su a wannan daji?

Amsar tana cikin tambayar da takardun talla ba su cika tsayawa a kanta ba, wato ƙasar ta wane ce.

Abin da ake sayar wa baƙo

Yawancin irin wannan tafiya daga birnin Darwin take farawa, tun da asuba, a mota mai jan ƙafa huɗu wadda ke iya ratsa yashi da rafi. Ana kiran ta tafiyar ƙaramin ayari domin mutanen ba su wuce cikin mota ɗaya ba. Jagora ɗaya ne direba, shi ne mai dafa abinci, shi ne mai bayani. Ana kwana a tanti ko a ƙananan masaukai. Mai kwana uku Kakadu kawai zai gani. Mai kwana biyar ko fiye yakan haɗa da kwazazzabon Nitmiluk kusa da garin Katherine, da gandun Litchfield, wani lokaci kuma a tsallaka zuwa ƙasar Arnhem, yankin 'yan asalin ƙasar da ke gabas da Kakadu.

Faɗin Kakadu ya kusa murabba'in kilomita 20,000. Akwai fadamu da ruwa ke shanyewa rabin shekara, akwai dajin itatuwa, akwai doguwar katangar dutse da ruwa ke zubowa daga kanta. Kusan kashi ɗaya cikin uku na nau'o'in tsuntsayen Ostireliya ana samun su a nan. Hukumar UNESCO ta sa shi cikin jerin wuraren tarihi na duniya a 1981, kuma yana cikin 'yan wuraren da aka sa saboda dalili biyu a haɗe: halittun da ke ciki da al'adar mutanen wurin.

Ɓangaren al'adar ya fi fitowa a jikin duwatsu. An ƙidaya wuraren zane sama da 5,000 a cikin gandun. A Ubirr, baƙo zai tsaya ƙarƙashin wata rumfar dutse ya ɗaga kai ya ga kifin baramundi an zana shi da ƙayarsa da hanjinsa da kitsensa a fili, kamar hoton ƙashi na asibiti. Can sama, inda hannu ba ya kaiwa, akwai zanen wata dabba mai kama da kare mai zane a baya, wadda ta ƙare a babban yankin Ostireliya shekaru dubbai da suka wuce. Ba nisa da ita kuma ga hoton Bature, da riga da takalmi. A Burrungkuy akwai Namarrgon, mai walƙiya, da gatura a gwiwoyinsa da yake sara gajimare da su. Wani dattijo mai suna Nayombolmi ne ya zana hotunan wannan bango a wajajen 1964. Wannan shekarar kaɗai ta isa ta nuna cewa ba kufai ake kallo ba. Jikokin masu zanen suna nan da ransu.

Kalmomi huɗu da ke rikita mai karatu

Ta farko ita ce "daji". Masu talla suna son nuna wurin a matsayin ƙungurmin dajin da ɗan Adam bai taɓa ba. Mutanen wurin da yawa ba sa son wannan siffa. Binciken da aka wallafa a 2017 kan kogon Madjedbebe, a ƙasar dangin Mirarr, ya nuna mutane sun zauna a nan tun shekara 65,000 da suka wuce, kodayake wasu masana na jayayya da adadin suna cewa bai kai haka ba. Ko da an ɗauki ƙaramin lissafi, dajin da baƙo ke gani aikin hannu ne. Ana cinna masa wuta kaɗan-kaɗan da farkon rani, lokacin da ciyawa ke da sauran laima, don kada babbar gobara ta ƙarshen rani ta samu abin ci. Hayaƙin da baƙo zai gani a gefen hanya a watan Mayu ko Yuni galibi wannan aikin ne.

Ta biyu ita ce "masu ƙasa na gado". A dokar mallakar ƙasa da ke aiki a Yankin Arewa, ɓangaren Ostireliya da Kakadu ke ciki, wannan ba ya nufin duk ɗan asalin ƙasar, wato Aborijin. Yana nufin takamaiman dangi da ke da alhakin takamaiman yanki ta hanyar zuriya. Mutanen arewacin Kakadu suna kiran kansu Bininj, na kudu kuma Mungguy, amma a ƙarƙashin waɗannan sunaye akwai dangogi da harsuna daban-daban. Ɗan Mirarr ba zai yi magana a kan Gunlom ba, domin ƙasar Jawoyn ce. Ko labari ma yana da mai shi: akwai wanda kowa zai iya ji, akwai wanda sai maza, akwai wanda sai mata, akwai wanda sai wanda ya kai wani mataki.

Ta uku ita ce "wuri mai tsarki". Mai fassara zai iya garajen cewa wurin tsafi, amma hakan zai ɓatar da ma'anar, domin yawancinsu ba wuraren yanka ko bauta ba ne. Wurare ne da aka yi imani magabatan farko sun ratsa ko sun zauna, kuma wasunsu ana ɗaukar su masu haɗari ga wanda ya kusance su ba bisa ƙa'ida ba. Jawoyn suna kiran wani yanki na kudancin Kakadu ƙasar cuta, inda suka ce Bula, ɗaya daga cikin magabatan farkon, yana kwance a ƙarƙashin ƙasa kuma tayar da shi bala'i ne. Daga baya masu binciken ma'adinai sun samu yuraniyom da wasu ma'adinai masu guba a wannan yanki. Tsohon sunan Gunlom a taswirar Turawa ma daga wani kamfanin haƙar yuraniyom aka samo shi.

Ta huɗu ita ce "gudanarwar haɗin gwiwa". Ƙasar mallakar dangogin ce, sun ba gwamnatin tarayya hayarta na dogon lokaci don ta zama gandun daji, kuma akwai kwamitin gudanarwa da 'yan asalin ke da rinjaye a cikinsa tun 1989. Aikin yau da kullum da kuɗi kuwa suna hannun ofishin Daraktan Gandayen Daji na Ƙasa. A wannan tsaga tsakanin mai ƙasa da mai riƙe da jaka yawancin rigingimun suke fitowa.

Yadda aka zo nan

Turawan Ingila da suka sauka a 1788 sun ɗauki nahiyar a matsayin ƙasar da ba ta da mai ita, kuma doka ta zauna a kan haka har 1992, lokacin da kotun ƙoli ta rushe wannan fahimta a shari'ar Mabo. Amma Yankin Arewa ya riga sauran ƙasar. Dokar haƙƙin ƙasa ta 1976 ta ba 'yan asalin yankin damar mallakar ƙasarsu da cikakkiyar takarda, kuma a yau kusan rabin ƙasar yankin tana hannunsu. A ƙarƙashin wannan doka ne ƙasar Arnhem, mai faɗin kusan murabba'in kilomita 97,000, ta zama wurin da baƙo ba ya shiga sai da takardar izini daga Majalisar Ƙasa ta Arewa.

Kakadu da haƙar yuraniyom tagwaye ne. An kafa kashin farko na gandun a 1979, a daidai lokacin da aka amince da mahaƙar Ranger a tsakiyarsa, aka kuma gina garin Jabiru don ma'aikatanta. Dangin Mirarr ba su so mahaƙar ba, amma doka ba ta ba su ikon hana ta ba. A 1991 Firaminista Bob Hawke ya hana haƙa a tudun Coronation saboda imanin Jawoyn game da Bula, duk da adawar wasu ministocinsa. A 1998 dubban mutane suka tare hanyar Jabiluka tare da Yvonne Margarula, shugabar Mirarr, don hana buɗe mahaƙa ta biyu. Ranger ta daina aiki a watan Janairun 2021, a shekarar kuma aka miƙa Jabiru ga Mirarr. A watan Maris na 2022 aka miƙa kusan rabin gandun, wanda da ba ya cikin mallakar dangogi, ga masu shi.

Abin da ya faru a Gunlom

Baƙi suna son Gunlom saboda tafkunan da ke saman dutsen, inda mutum zai kwanta cikin ruwa yana hango daji har iyakar gani. Hanyar hawa ta lalace, sai hukumar gandun ta sake ta a 2019. An tattauna da dattawan Jawoyn kan inda za ta bi, amma da aka gama aiki sai ga wani sashe ya ratsa kusa da wurin da maza kaɗai aka yarda su gani, har ya zama mata da yara za su iya hango shi. Ba a kuma nemi takardar amincewar Hukumar Kare Wuraren 'Yan Asali ta yankin ba, kamar yadda dokar yankin ta kare wurare masu tsarki ta 1989 ta tanada.

Hukumar kare wuraren ta shigar da ƙarar laifi. Ofishin Darakta bai tsaya a kan ko an yi kuskure ba. Hujjarsa ita ce shi hukumar tarayya ne, don haka dokar yanki ba za ta iya hukunta shi ba. Babbar kotun yankin ta amince da wannan a 2022. Aka ɗaukaka ƙara, kuma a watan Mayun 2024 alƙalan kotun ƙoli suka haɗu a kan cewa ana iya gurfanar da ofishin. Daga nan ya amsa laifi. A watan Oktoba kotu ta je ta zauna a Gunlom ɗin kanta, ta saurari dattawa, ta yanke tarar.

Idan aka auna da kuɗin gudanar da gandu irin wannan, tarar ba wani abu ba ce. Nauyin hukuncin yana wani wuri: daga yanzu hukumar ba za ta iya tsallake matakin neman izini ba da hujjar cewa ita ta tarayya ce. Rikicin kuma bai zo shi kaɗai ba. A 2020 masu ƙasa da ke kwamitin gudanarwa da wasu ma'aikatan gandun 'yan asali sun fito fili sun ce sun yanke ƙauna da shugabancin hukumar, har Daraktan lokacin ya sauka.

Ɓangarorin da hujjojinsu

Kamfanonin yawon buɗe ido suna kuka da rashin tabbas. Suna sayar da kujeru watanni kafin lokaci, ga baƙin da suka biya kuɗin jirgi daga Turai ko Amurka. Kasuwarsu ta 'yan watanni ce, daga Mayu zuwa Oktoba. Idan aka rufe wurin da ke bangon takardar tallarsu, ko aka makara wajen gyara hanyar zuwa magangarar ruwan Jim Jim bayan damina, su ne za su fuskanci baƙon da ya fusata, su kuma mayar da kuɗi. Yawancinsu ƙananan kamfanoni ne masu mota biyu ko uku. Kukansu na gaskiya ne, kuma da yawansu sun ɗora laifin a kan sakacin hukuma da ƙarancin kuɗin gyara, ba a kan masu ƙasa ba. Alƙawarin dala miliyan 216 da gwamnatin tarayya ta yi wa Kakadu da Jabiru a 2019 ya daɗe kafin a ga aikinsa a ƙasa.

Masu ƙasa kuma bakinsu ba ɗaya ba ne. Akwai waɗanda suke ganin baƙi a matsayin hanyar samun aiki ga matasa ba tare da sun bar ƙasarsu sun tafi Darwin ba, da kuma dalilin da zai sa yaro ya zauna ya koyi labaran kakansa. Jawoyn ɗin da suka tsaya kai da fata a kan Gunlom su ne suka mallaki kamfanin da ke tuƙa baƙi a jiragen ruwa a Nitmiluk, ƙasar da aka mayar musu a 1989. Akwai kuma waɗanda suka fi damuwa da alhakin da ke wuyansu. A al'adarsu, idan baƙo ya mutu ko ya ji rauni a ƙasarka, ko aka keta wuri mai tsarki, kai mai ƙasar za a tuhuma a cikin dangi, ko da ba ka nan lokacin da abin ya faru.

Akwai ɓangare na uku a siyasar ƙasar, masu cewa gandun daji na dukkan 'yan Ostireliya ne, da harajinsu ake gudanar da shi, don haka bai kamata imanin wasu ya hana sauran shiga ba. An ji wannan murya sosai lokacin da aka haramta hawa Uluru, dutse mai tsarki da ke tsakiyar ƙasar, a ranar 26 ga Oktoba, 2019. Masu mayar musu da martani suna nuna takardar mallaka: mai haya ba ya gaya wa mai gida ɗakin da zai buɗe. A fannin doka, a Yankin Arewa, hujja ta biyu ce ke da ƙarfi. A fannin siyasa kuwa ba a gama ba, musamman tun bayan ƙuri'ar raba gardama ta Oktoban 2023, inda kusan kashi 60 cikin ɗari suka ƙi amincewa da kafa majalisar ba da shawara ta 'yan asali a kundin tsarin mulki.

Ina kuɗin ke tafiya

Kalmar "al'adun 'yan asali" a jikin talla tana iya nufin abubuwa uku mabambanta. Wani kamfanin na 'yan asalin ne gaba ɗaya. Wani na Balanda ne, kamar yadda ake kiran Bature a can, amma yana biyan jagoran gari ya karɓi baƙin na 'yan sa'o'i. Wani kuma jagoransa ne kawai ke maimaita abin da ya koya a kwas. Sunan Balanda kansa tarihi ne: daga bakin masuntan Makassar na Indonesiya ya shigo, waɗanda suka yi ta zuwa gaɓar arewa fatauci har farkon ƙarni na 20, kuma da shi suke kiran mutanen Holan.

Duk kamfanin da ke aiki a Kakadu sai da lasisi, jagororinsa kuma sai sun ci wani kwas na musamman kan gandun. Wani kaso na kuɗin shiga yana zuwa ga masu ƙasa bisa yarjejeniyar haya. Amma kaso mafi tsoka na abin da baƙo ya biya yana tafiya ne a mota da mai da albashi da inshora, kuma mafi yawan wannan a Darwin yake tsayawa.

Misalin da ya fi nuna yadda abin ke aiki idan ya yi kyau shi ne Gunbalanya, ƙauyen da ke hayin kogin East Alligator. Ba a hawa dutsen Injalak da ke kusa da ƙauyen sai da jagora ɗan garin. Shi zai zaɓi rumfar da za a shiga, shi zai ce a nan a ajiye kyamara, domin akwai ƙasusuwan magabata a wasu ramukan. Idan aka sauko, a cibiyar zane ta garin, wadda ke aiki tun 1989, baƙo zai tarar da maza suna zane a ɓawon itace da jar ƙasa da farar ƙasa, mata kuma suna saƙar kwanduna da zaren da suka rina da saiwoyi. Abin da aka saya a nan ya san hanyar gidan mai shi. A shagunan birni ba haka ba ne: wani binciken gwamnati na 2022 ya gano cewa biyu cikin uku na kayan tsaraba masu kamannin aikin 'yan asali ba su da alaƙa da su, kuma a 2019 kotu ta ci tarar wani kamfani dala miliyan 2.3 saboda sayar da kayan da aka ƙera a Indonesiya da sunan na gida.

Abin da zai shafi talakawan da ke cikin harkar

Ga baƙo, jadawalin da aka ba shi ba alƙawari ba ne. Idan wani babba ya rasu, ana iya rufe yanki ko ƙauye na kwanaki ko makonni don makoki, ana kuma daina ambaton sunan mamacin, a rufe hotonsa a wuraren baje koli. Ana hana shiga da barasa a yawancin ƙasar Arnhem. Yanayi ma yana da nasa hukuncin. Bininj suna lissafa lokuta shida a shekara, daga Gudjewg na ruwan sama kamar da bakin ƙwarya tsakanin Disamba da Maris zuwa Gurrung na zafi da bushewa a wajajen Satumba, kuma a lokacin ruwa yawancin hanyoyin ƙasa ba sa biyuwa.

Sai kadoji. Tun da aka hana farautarsu a 1971 suka yawaita, ana ƙiyasta kusan 10,000 a Kakadu kaɗai. Bayan kowace damina sai ma'aikata sun bincika tafkunan wanka, sun kafa tarko, sun tabbatar babu wanda ambaliya ta shigo da shi kafin a buɗe, kuma wannan na cikin dalilan jinkirin da kamfanoni ke kuka da shi. A mashigar Cahills, hanya ɗaya tilo ta mota daga Kakadu zuwa Gunbalanya, ana ganinsu jere a ruwa suna jiran kifi idan teku ta turo, direba kuma sai ya duba jadawalin cikar ruwa kafin ya tsallaka. A 2002 kada ya kashe wata matashiya 'yar Jamus bayan jagoran ayarinsu ya bar su sun yi wankan dare a wani tafki, kuma an gurfanar da jagoran.

Ga ƙananan kamfanoni, hukuncin Gunlom yana nufin duk wani sabon aiki, hanya ce ko gada ko sansani, zai ɗauki lokaci fiye da da, domin sai an bi matakin tuntuɓa da takarda. Wanda ya ƙulla hulɗa ta kai tsaye da wani dangi zai samu shiga inda wasu ba za su samu ba, kuma ƙaramin ayari ya fi babbar bas samun wannan dama, tunda dattijo ya fi yarda ya karɓi mutum goma da ya karɓi hamsin.

Mazauna Jabiru su ne suka fi kowa sa ido. An gina garinsu don mahaƙa, mahaƙar ta rufe, aikin tsaftace ramukanta da mayar da ƙasar cikin gandun kuma an ƙiyasta zai ci sama da dala biliyan 2, ya kuma wuce wa'adin 2026 da aka sa masa tun farko. A watan Yulin 2024 gwamnati ta ƙi sabunta lasisin Jabiluka, ta ce za a haɗa wurin da Kakadu, kogon Madjedbebe kuma yana cikinsa. Shirin Mirarr shi ne garin ya rayu da baƙi da ayyukan gwamnati. Baƙin da ke zuwa Kakadu a shekara suna kai-komo ne a wajajen 200,000, mafi yawansu a cikin watanni biyar ko shida na rani, kuma da cinikin waɗannan watanni ne kanti da gidan mai da masaukan garin za su riƙe kansu har damina ta wuce.